Yinin da na yi a gidan tarihin Palenke

Laraba da dare. Na dawo masauki ƙafafuna sun yi nauyi, rigata ta jiƙe da gumi da yayyafi, amma ba zan kwanta ba sai na rubuta abin da na gani tun bai dusashe ba.

Da sassafe na shiga ƙaramar motar haya daga cikin garin Palenke, a jihar Chiapas ta kudancin Meksiko, zuwa kufan wani tsohon birni na mutanen Maya, 'yan asalin yankin. Kafin in hango gini sai da na ji rurin birrai daga saman itatuwa, ruri mai kauri kamar na zaki. Na zaga fada da hasumiyarta, na tsaya gindin dalar da aka binne Sarki Pakal. An hana shiga kabarin yanzu, don numfashin jama'a da danshi suna cin dutsen. Daga nan na gangara ta hanyar daji, gefen rafi, ruwa na zuba daga duwatsu hawa-hawa. Mutanen birnin da kansu Lakamha' suke ce masa, wato babban ruwa, kuma duk wanda ya bi wannan hanya zai yarda sun iya sa suna.

Gidan tarihin yana can ƙasa bakin titi, an sa masa sunan Alberto Ruz Lhuillier, mutumin da ya gano kabarin. Na shiga ne da niyyar in sha inuwa na rabin sa'a, sai ga shi na kai la'asar.

Abin da ya fara tare ni shi ne kaskon turarensu. Da na ji an ce kasko na zaci irin na ɗakin Inna ne. Ashe wani dogon tulun yumɓu ne da ya kusa kai mini ƙugu, an jera fuskoki a jikinsa ɗaya bisa ɗaya, da tsuntsaye a can sama, har yanzu akwai ragowar shuɗin fenti da ja a lungunansa. A bisa kansa ake ɗora kwanon da ake ƙona ƙaron itace mai ƙamshi, wanda suke kira kofal. An tono irinsu fiye da 100 a gindin ɗakunan bautarsu. Abin da suke bauta wa ba nawa ba ne, amma hannun da ya yi wannan aiki hannun gwani ne, kuma na daɗe ina kallon yadda maginin ya murɗa yumɓu siriri ya kewaye idon wata fuska da shi.

A wani ɗaki an ajiye kwafin akwatin gawar Pakal, daidai girman na ainihi, yadda mutum zai zaga shi. Murfin kaɗai ya kusa mita 4 a tsawo, dutse guda. An haifi Pakal a shekarar 603, ya hau sarauta a 615 yana ɗan shekara 12, ya rasu a 683. Shekara 68 ke nan yana mulki. Ruz ya lura da wani falalen dutse mai huji-huji a daɓen ɗakin da ke saman dalar, da aka ɗaga sai ga matakala cike da ɓaraguzai da aka zuba da gangan. Tun 1949 suke kwashewa, sai a 1952 suka isa kabarin. Abin da ya fi taɓa ni shi ne wani siririn bututun dutse da aka bi gefen matakalar da shi tun daga kabarin har sama, masana na ganin hanya ce da aka bar wa ran sarkin. Mutanen da suka toshe ƙofa da duwatsu masu yawa haka, amma zuciyarsu ba ta yarda su rufe ta ruf ba.

Na ga kayan matar da ake kira Jar Sarauniya, wadda aka gano a 1994 a ginin da ke maƙwabtaka da na Pakal, ƙasusuwanta sun rine da jan garin ma'adini. An haɗa mata abin rufe fuska da gutsattsarin koren dutse. Yawancin masana na ganin matar Pakal ce.

Amma inda yinina ya tafi shi ne gaban wani allon dutse mai alamomin rubutu 96. Ba shi da girma, kuma a cikin fada aka tsince shi, ya farfashe aka harhaɗa. An yi shi a 783, don cikar wani tattaɓa-kunnen Pakal shekara 20 a kan gado bisa lissafinsu. Layukan sirara ne, suna lanƙwasa suna kauri suna sirancewa, sai ka rantse da alƙalami da tawada aka ja su, ba da ƙarfe ko dutse aka sassaƙa ba. Duk wanda ya taɓa zama kusa da mai rubutun allo ya san wannan sakin hannu. Wani dattijo mai yi wa baƙi jagora ya ga na ƙi motsawa, ya matso ya nuna mini yadda ake karantawa: gida biyu-biyu, daga hagu zuwa dama, ana gangarowa. A wajen lambobi, ɗigo ɗaya ne, sanda biyar. Ya ɗora yatsa a iska saitin wata alama mai kamar garkuwa, ya ce pakal ke nan, garkuwa, sunan sarkin. Wane ya hau gado ran kaza, bayansa wane. Sai na ji kamar ina sauraron maroƙin fada yana jero sarakuna da kirarinsu.

Wannan rubutu ya yi ɗaruruwan shekaru ba mai iya karanta shi. A 1562 wani limamin coci ɗan Sifen, Diego de Landa, ya tara littattafan Maya a garin Maní ya cinna musu wuta, kuma yau huɗu kacal suka rage a duniya. Raina ya ɓaci sosai da na tuna haka a gaban allon. Sai a 1952 wani Barashe, Yuri Knorozov, ya nuna cewa alamomin suna ɗauke da gaɓoɓin sauti, sannan a 1973 aka yi taron masana a nan Palenke, inda Linda Schele da Peter Mathews da Floyd Lounsbury suka fitar da jerin sarakunan birnin daga jikin duwatsun.

Na tambayi dattijon ina mutanen suka tafi bayan birnin ya mutu wajen shekarar 800. Ya dube ni ya buga ƙirjinsa a hankali, ya ce Ch'ol yake yi da iyalinsa a gida, kuma harshen dangi ne na kusa ga wanda aka rubuta a allon. Na ji nauyin tambayar tawa, na ba shi haƙuri. Ya ce ba komai, kullum ana yi masa ita.

Da na fito an tsuge da ruwa. Na fake ƙarƙashin rumfa tare da wasu mata biyu masu sayar da tsakiya da zanen saƙa, suna hira da harshensu, yarinyar ɗaya tana barci a cinyarta. Na sayi zane ɗaya na Inna. Gobe da asuba motar San Cristóbal za ta tashi, kuma takalmina bai bushe ba tukuna.