Godiya Daga Sapporo, Bayan Girgizar Ƙasa

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Alhamdu lillahi. Ni da maiɗakina da 'yarmu muna nan lafiya lau, ko ƙwarzane babu wanda ya samu. Yau kwana goma ke nan da girgizar ƙasar da ta afka wa tsibirin Hokkaido na ƙasar Japan, sai yanzu hankalina ya dawo jikina har na iya zama in rubuta wannan. Saƙonnin da suka taru a wayata sun fi ƙarfin in bi su ɗaya bayan ɗaya, don haka ku yi mini afuwa in haɗa godiyar wuri guda.

Ranar Alhamis ce, 6 ga Satumba, 2018, ƙarfe 3 da minti 7 na dare. A gida kuwa Laraba ce tukuna, kun idar da magariba kuna jiran isha'i. Barcinmu ya yi nauyi, domin daren da ya gabata mahaukaciyar guguwar Jebi ta hana kowa runtsawa, ta bar itatuwa a kwance a kan tituna. Ƙarar gargaɗin waya da jijjigar gado lokaci guda suka tashe ni. Ban san sa'ad da na rarumi yarinya na shige ƙarƙashin tebur da ita ba, uwarta na biye da mu tana ta maimaita Inna lillahi. Muna ji kwanoni suna zubowa a kicin, bene na shida yana lilo da mu kamar reshen bishiya. Da abin ya lafa muka duba juna, kowa na numfashi. Ba a cika minti ashirin ba wuta ta ɗauke. Da ragowar ruwan buta muka yi alwalar asuba a cikin duhu.

Ɗauke wuta ba baƙonmu ba ne, a cikinsa muka tashi. Amma a gida kowa ya shirya masa: akwai randa, akwai gawayi, akwai fitila a inda hannu zai kai, ga mai shago a bakin layi da littafinsa na bashi. Nan komai a jikin wuta yake rataye. Injin da ke tura ruwa zuwa benaye ya tsaya, famfo ya ƙafe. Lif ya tsaya. Murhunmu na lantarki ne. Katin banki ya zama roba kawai, kuɗin da ke aljihuna kuwa ba su kai yen dubu biyu ba. Daga baya muka ji a rediyo cewa tashar wutar Tomato-Atsuma, wadda a daren ita ke ɗauke da kusan rabin wutar tsibirin, tana dab da inda girgizar ta taso. Da ta tsaya sai sauran tashoshin suka bi ta, gidaje kusan miliyan 2 da dubu 950 suka shiga duhu. Ku ƙiyasta tsibirin da ya fi jihar Neja faɗi, mai mutum sama da miliyan 5, babu ko fitilar kan hanya ɗaya da ke ci.

Da gari ya waye yarinya ta fara kukan yunwa. Na sauko matakala ban san inda na nufa ba. Babban kantin da muke cefanen mako a rufe, wani shagon a gabansa an manna takarda a ƙofa. Ina shan kwana sai na hangi layin mutane ya miƙe har bakin titi, a gaban kantin nan mai launin ruwan lemo da hoton tsuntsu, Seicomart, wanda shekara uku nake wuce shi safe da yamma ban taɓa ɗaukarsa a bakin komai ba, in ban da madara da burodi.

Wata ƙaramar mota na nan an kafa ta dab da ƙofa, injinta na aiki, babu kowa a ciki. An zaro waya daga soket ɗin da ake kunna sigari, an bi da ita ta taga, ta ratsa dandamali ta shige kantin har kan teburin biyan kuɗi. Da wutar motar nan suke lissafi. Ciki duhu ne, an share fasassun kwalabe an tara a lungu, firij duk sun mutu. Mutane ƙalilan ake bari su shiga a lokaci guda. Fiye da awa ɗaya na yi a layi, ban ji an ɗaga murya ba, ban ga wanda ya tsallake wani ba, kuma ko yen ɗaya ba a ƙara a kan farashin komai ba.

Wadda ta sallame ni dattijuwa ce, za ta yi sa'ar Innata. Ta ɗaura tocila a goshi, idanunta sun yi ja. Can bayanta ana ta kwashe shinkafa daga tukunyar gas, wasu mata biyu suna dunƙula ta da hannu, tururi na tashi. Abin da suke kira onigiri ke nan, curin shinkafa. Duk wanda ya zauna a ƙasar nan yana Musulmi ya san yadda muke juya kowace leda muna karanta bayanta, saboda naman alade da giyar girki da ke shiga abinci ta inda ba ka zata ba. Na tsaya ina jujjuya curin a hannuna, babu rubutu a jikinsa. Ta lura da ni. Ashe duk shekarun nan tana ganin yadda nake duba kaya. Ta nuna shinkafar ta ce da ni a hankali, da Japanancin da zan gane, gishiri ne kawai, babu komai a ciki. Na ɗauki uku da gorar ruwa biyu. Da ta miƙo mini canji sai ta tambaye ni lafiyar yarinya.

Wallahi a nan ne hawayen da na riƙe tun dare suka zubo. Na hau bene shida da shinkafar nan da ɗuminta a ƙirjina. 'Yata ta ci rabin curi ta koma barci.

Baiwar Allah, na san ba za ki karanta Hausa ba, amma ina so mutanena su san ki. Ke ma a daren nan aka jijjiga ki, ke ma kina da gida da kwanoninsa suka farfashe, kina da iyalin da ke buƙatarki. Kika baro su kika zo kika tsaya a cikin duhu kina ciyar da baƙin da ba ki haɗa komai da su ba. Na gode. Na gode wa matan da suka ƙona tafin hannunsu da zafin shinkafa, da mai motar da ya ƙona mansa a ranar da ake layin mai kamar ba za a ƙara samu ba, da direbobin da suka ci gaba da kawo kaya a titunan da babu fitilar ba da hannu.

Na ɗauka sa'a ce unguwarmu ta yi. Sai da wuta ta dawo labarai suka fara fita, na ji ashe cikin kantunansu kusan 1,100 da ke Hokkaido, wajen 1,050 sun buɗe a ranar. Wayar nan da na gani tana fita daga mota ma ba dabarar ma'aikatan unguwarmu ba ce. Tun bayan wata guguwa da ta katse musu wuta a 2004 kamfanin ya fara tanadin irin wannan rana, har ya raba wa kantuna kayan jona na'urar kuɗi da mota, aka ajiye ana jira. Wannan ne ya sa na zauna na bi tarihinsu, don in san wa nake gode wa.

A 1971 aka buɗe kanti na farko, a nan gundumar Kita da muke zaune a Sapporo, shekara uku kafin 7-Eleven, babbar abokiyar gasarsu, ta buɗe nata na farko a Tokyo a 1974. Wanda ya tsaya a kan lamarin, Akao Akihiko, ma'aikaci ne a wani kamfanin sari mai raba wa ƙananan shaguna kaya. Manyan kantuna sun fara shigowa suna cinye kasuwar masu shagon unguwa, ya ga idan suka mutu, wanda ke ba su sari ma ya mutu. Sai ya lallashe su su sake fasali, su zama shagon da za ka shiga ka sami duk ɗan abin buƙatar yau da kullum. Ba zan ɓoye muku ba, shagunan giya ne asalinsu, kuma har gobe akwai ɓangarenta a cikin kantin. Wannan tsakaninsu da al'adarsu ne, ni ban taɓa kusantar wajen ba, kuma bai hana ni ganin alherin da aka yi mini ba. Akao ya rasu a 2016, shekarar da uwar kamfanin ta koma amsa sunan Secoma, bai ga ranar da tanadin gidansa ya ciyar da tsibiri ba.

Abin da ya fi kama ni a tarihinsu shi ne inda suka zaɓi su girma. 7-Eleven ta haura kanti dubu 20 a faɗin Japan. Su kuwa, ban da 'yan kaɗan a jihohin Ibaraki da Saitama, duk kantunansu a Hokkaido suke, kuma a cikinta sun fi kowa yawan kantuna. Maimakon su bi manyan birane, ƙauyuka suka nutsa, har tsibiran Rishiri da Rebun da Okushiri, inda sai an ɗora wa jirgin ruwa kaya. Akwai wani ƙauye a gaɓar teku can arewa, Shosanbetsu, mutanensa ba su kai 1,500 ba, da yawansu tsofaffi. Hukumar ƙauyen ce da kanta ta roƙe su, suka je suka buɗe a 2014. Ɗan kasuwar da ke ƙirga kawunan masu wucewa kafin ya kafa rumfa ba zai je irin wannan wuri ba. Su sun iya zuwa ne domin kusan komai a hannunsu yake: gonakinsu na kayan lambu, masana'antar madararsu a garin Toyotomi, ɗakunan girkinsu, rumbunansu, motocinsu. Ribar da ba ta fito a kan teburin ƙauye ba tana fitowa a wani gefen. Yawancin kantunan ma kamfanin ne ke gudanar da su kai tsaye, kuma da yawa ba sa kwana a buɗe, suna rufewa idan gari ya yi tsit. Girkin cikin kanti kuwa, wanda suke kira Hot Chef, tun 1994 suka fara shi. Tukunyar gas ɗin nan da na gani ta shekara da shekaru tana dafa wa leburori da direbobi abincin rana, ranar da wuta ta ɗauke sai ta zama ita ce murhun unguwa gaba ɗaya.

Ni dai abin ya tuna mini mai shagon layinmu a gida, wanda ya san wace ce ta haihu, wane ne aka sallama daga aiki, wane gida ne ba a ɗora tukunya ba. Ban yi zaton kamfani mai kanti sama da dubu zai iya riƙe wannan hali ba, sai da na gan shi a fuskar dattijuwar nan.

Godiya ta musamman ga maƙwabciyarmu ta bene na biyu, tsohuwar da 'yata ke kira Obaachan, wato Kaka. Ita ta ara mana ƙaramin murhun gas da rediyo mai batir, ta nuna mana famfon da ke zuba a filin wasan yara. Malamina na jami'a, Sensei, a kan keke ya zo har ƙofar gida don ya gan mu da idonsa. 'Yan'uwa na masallacin Sapporo, 'yan Indonesiya da Masar da Bangladesh da namu na Afirka, kun yi ta bin sawun juna har aka tabbatar babu wanda ya ɓace. Allah ya bar zumunci.

Hajiya, na san ba ki runtsa ba. An gaya mini tun da labarin ya iso ba ki tashi daga kan darduma ba sai da kika ji muryata. Ki yafe mini gajartar wayar, batir nake tattali. Yaya, na gode da ka tsaya ka zama bakinmu, kana amsa wa dangi ɗaya bayan ɗaya. Kawu da Baffa, surukaina, abokan karatu, da waɗanda ban ma san su ba suka sa mu a addu'ar Juma'a, Allah ya saka muku da mafificin alheri.

Mu wahalar kwana biyu muka sha, zuwa ranar Asabar wuta ta dawo kusan ko'ina. Akwai waɗanda nasu ba zai dawo ba. Mutum 41 suka rasu, 36 daga cikinsu a garin Atsuma, inda tsaunuka suka zaftaro a kan gidaje mutane na barci. A unguwar Satozuka da ke nan Sapporo ƙasa ta lotsa, gidaje sun karkace. Makiyaya sun yi ta zubar da madara saboda babu wutar sanyaya ta, wasu shanun sun kamu da ciwon hantsa don an kasa tatsarsu. Har yau akwai masu kwana a zaurukan makarantu, ga sanyin Hokkaido na tafe. Ku sa su a addu'a, Allah ya ba iyalansu haƙuri, ya sauƙaƙa musu.

Shekaranjiya madara ta fara dawowa kan kanta, na ɗauki yarinya muka je. Na tarar da dattijuwar tana jera kaya. Na haɗa duk Japanancin da na iya na yi mata godiya, ta sunkuyar da kai ta ce aikinta ne kawai ta yi. Matata ta ce ranar Lahadi za ta soya cincin mu kai musu.

Har yanzu ƙasa na ɗan motsawa jefi-jefi, don haka jakarmu na rataye a bakin ƙofa da ruwa da tocila da tsabar kuɗi. Wayata na aiki. Hajiya, in sha Allahu ranar Juma'a idan na sauko daga masallaci zan kira ki, asubarku ke nan, ki ga jikarki.

Wassalamu alaikum.