Abin da takardun ɗaukaka ƙara suka koya mini game da sashe na 21

Tun da zan bar aikin shirya takardu a ofishin lauya a Gadarif, a ƙasar Sudan, gara in rubuta wa na baya abin da ke kai mutanenmu ga igiya alhali hannunsu bai taɓa wuƙa ba. Kuskuren guda ne, kuma manyan lauyoyi ne suka fi yin sa: a kama mutum biyar kan kisan mutum ɗaya, a rubuta musu takardar isti'inafi (ɗaukaka ƙara) guda, a cika ta da cewa wane ba shi ya soka ba.

Wannan hujja ba ta da amfani muddin kotun farko ta haɗa sashe na 21 da na 130 na dokar laifuka ta Sudan ta 1991. Sashe na 130 shi ne kisan ganganci, hukuncinsa ƙisasi. Na 21 kuwa cewa ya yi idan mutum biyu ko fiye suka aikata laifi domin zartar da ittifaƙin (wato haɗa bakin) da suka ƙulla, kowannensu tamkar shi kaɗai ya aikata. Alƙalan ɗaukaka ƙara sun riga sun san ba shi ya soka ba, ai shi ya sa aka jawo 21. Da waɗannan sassa biyu kotu a Omdurman ta yanke wa jami'an tsaro 29 hukuncin kisa a Disambar 2019, kan mutuwar malamin makarantar nan na Khashm al-Girba, Ahmad al-Khair. Tushen abin tsoho ne: Sayyidina Umar ya kashe jama'a saboda mutum ɗaya da aka kashe a San'a, Malikiyya kuma suna kiran wannan haɗa baki tamalu'i. 'Yan'uwanmu na Najeriya sun san shi a sashe na 79 na Final Kod, dokar laifuka ta Arewa, wanda dama daga tsohuwar dokar Sudan aka ɗauko tsarinsa.

Wurin da ya kamata a sa ƙarfi shi ne a ja shari'ar daga 21 zuwa 22. Sashe na 22 ya ce idan babu ittifaƙi, kowa abin da hannunsa ya yi zai ɗauka. Mai wuƙa ya amsa kisa, mai sanda ya amsa rauni, wanda ya tsaya riƙe da jaki ya koma gida.

To daga ina ittifaƙin yake fitowa? Ba a taɓa samun sa a rubuce. Kotu tana ciro shi ne daga alamu, kuma yawancinsu suna cikin yaumiyyar bincike, inda mai bincike ya rubuta da Larabci abin da manomi ya faɗa da Hausa, ko da guntun Larabcinsa na kasuwa. Bahaushe da "mu" yake magana. Ƙaninsa ya yi faɗa a bakin gonar riɗi, shi ya iso daga baya, amma idan aka tambaye shi sai ya ce "mun yi faɗa da su". A takarda ya zama darabna, mun doke shi. "Mun yi shawara mu je mu same shi" ya zama ittafaƙna, mun haɗa baki, alhali a wurinmu zuwa samun mutum yana iya zama zuwa bin bashi ko kai ƙorafi. "Mun shirya" ta fi kowacce haɗari, domin tana nufin mun yi shiri, tana kuma nufin mun sasanta. Wanda ya gina isti'inafi bai zauna da kowane wanda ake tuhuma shi kaɗai ya karanta masa maganarsa ya tambaye shi kalmar da ya furta da bakinsa ba, ya yi aikin banza. Wannan zama aikin ƙananan ma'aikata ne, shi ya sa ake raina shi, sai hukunci ya tabbata kuma a nemi wanda za a ɗora wa.

Bayan haka a ɗauko farar takarda a ja layi, kowane mutum da gidansa. A rubuta wane shaida ne ya ambace shi, me ya ce yana riƙe da shi, ina ya tsaya, kuma ko abin da shaidan ya faɗa wa ɗan sanda ya yi daidai da wanda ya faɗa bayan ya yi rantsuwa. Sai a gwada da Urnik 8, fom ɗin 'yan sanda da likita ke cikewa kan rauni, da rahoton likitan da ya duba gawa. Idan rauni ɗaya ne ya yi kisa, amma shaidu sun ce mutum huɗu suka yi ta sara, wannan giɓi shi ne kan takardarka. A lissafa lokaci kuma. Idan an yi cacar baki da hantsi, aka koma gida, aka dawo da la'asar da makamai, ittifaƙi ya yi ƙarfi, kada a yaudari iyali. Idan kuwa a take abin ya ɓarke, da lauje ko gatarin da dama ke hannun mai aikin gona, ƙofar sashe na 131 ta buɗe, domin faɗan ba-zata yana cikin abubuwan da ke mayar da kisa shibhul amdi, wato mai kama da ganganci amma bai kai shi ba.

Lauya ɗaya ga duka ba ya yiwuwa idan kuɓutar wani tana buƙatar a nuna wani da yatsa. Dattawa ba sa son jin haka, sukan ce kada a raba kan 'yan'uwa. Sashe na 21 ma abin da yake so ke nan.

Sauran gajeru ne. Wa'adin ɗaukaka ƙara kwana 15 ne, a nemi kwafin hukunci ranar da aka karanta shi. Hukuncin kisa sai Kotun Ƙoli ta tabbatar, amma kada a kwanta a kan haka. A duba shekarun kowa a ranar da abin ya faru, ba ranar shari'a ba. Kuma kada a jira kotu kafin a tura masu sulhu wurin waliyyan jini, domin ko ɗaya daga cikinsu ya yafe, ƙisasi ya faɗi, abin da ya rage ɗauri ne da bai wuce shekara 10 ba, da diyya. Sai dai a ja kunnen masu zuwa gaisuwar, kada wani ya ce "yaranmu sun yi kuskure" a gaban mutanen da gobe za su tsaya shaida.