Mama Taraba da Hanyar Zuwa Majalisar Dattawa: Abin da 'Yar Takara Daga Sakkwato Za Ta Lura da Shi

Jihar Sakkwato tana da kujeru 3 a Majalisar Dattawa da 11 a Majalisar Wakilai, kuma bayan zaɓen 2023 duk maza ne suka hau su. A faɗin ƙasa ma, cikin sanatoci 109 mata huɗu kacal ne a majalisa ta goma. Duk macen da ke da niyyar neman ɗaya daga cikin kujerun nan, ya kamata ta nazarci tafiyar marigayiya Hajiya A'isha Jummai Alhassan, wadda aka fi sani da Mama Taraba, domin a tarihinta za ta ga inda ake samun kujera da inda take kuɓucewa.

An haife ta a shekarar 1959, ta karanta shari'a a Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya. Ta yi alƙalanci a kotun majistare, ta riƙe kwamishinar shari'a ta Taraba, sannan ta zama babbar magatakardar babbar kotun Abuja. Sai da ta ajiye aiki ta shiga siyasa, wato ta zo da sanin doka da kuma jama'ar da ta tara. A 2011 ta kayar da sanata mai ci, Anthony Manzo, a zaɓen fidda gwani na PDP, sannan ta doke tsohon gwamna Jolly Nyame a babban zaɓe, ta wakilci Taraba ta Arewa har 2015.

A ganina nasarar farko ta fi ta biyu wuya, kuma ita ce aka fi mantawa. Sharuɗɗan tsarin mulki ba su da tsauri: shekara 35 ga mai neman sanata, 25 ga mai neman majalisar wakilai, ilimin sakandare, da jam'iyyar da za ta tsayar da ita. Ma'aikaciyar gwamnati kuma ta ajiye aiki aƙalla kwana 30 kafin zaɓe. Kuɗin fom ma an sassauta wa mata. A 2022 APC ta sa na sanata naira miliyan 20, na wakilai miliyan 10, amma mata kuɗin nuna sha'awa kawai suka biya. Rangwamen nan yana ruɗin mutane da yawa. Fom mai rangwame ba ya kawo ƙuri'ar daliget (wakilan jam'iyya masu zaɓen ɗan takara) ko ɗaya, wani lokacin ma shi ake kafa hujja da shi a ce wa mace ta janye, tunda ba ta kashe kuɗi da yawa ba.

Daliget kuwa daga mazaɓu suke fitowa. Sakkwato tana da mazaɓu 244 a ƙananan hukumomi 23, kuma kujerar Sakkwato ta Gabas kaɗai ta haɗa ƙananan hukumomi takwas, daga Gwadabawa da Illela har Isa da Sabon Birni, inda matsalar tsaro ta sa zagayen ƙauyuka ya zama abin shiri na musamman. Wadda ba ta da mutanenta a shugabancin jam'iyya na mazaɓa tun lokacin zaɓen shugabanni, ta riga ta makara kafin a fara sayar da fom. Ko an ce 'yar tinƙe za a yi, rajistar 'yan jam'iyya tana hannun shugabannin nan ne. Idan kuma maslaha aka ce, dokar zaɓe ta 2022 ta tanadi cewa sai sauran masu nema sun amince a rubuce, don haka kada ta sa hannu a takardar da ba ta karanta da lauyanta ba. Taron da ake yanke irin wannan shawara galibi da tsakar dare ake yin sa, shi ya sa take buƙatar amintaccen wakili da yardar gida tun da wuri. Akwai kuma tsohuwar tambayar nan da ake yi wa matar aure: garin mahaifinta ne nata ko garin miji? Gara ta tsayar da wuri ɗaya, katin zaɓe da na jam'iyya su kasance can.

Darasi na biyu daga kotu ya fito. A 2015 ta nemi gwamnan Taraba a APC, aka bayyana Darius Ishaku na PDP a matsayin wanda ya ci. A watan Nuwamba kotun sauraron ƙararrakin zaɓe ta ba ta nasara bisa cewa PDP ba ta yi sahihin zaɓen fidda gwani ba, amma kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin, kotun ƙoli ta tabbatar da sokewar a farkon 2016. Dalilin shi ne rikicin fidda gwani na 'yan cikin jam'iyyar ne, ɗan wata jam'iyya ba shi da hurumi a kai. Wadda aka zalunta a jam'iyyarta kwana 14 kawai take da su ta shigar da ƙara. Bayan babban zaɓe kwana 21 ne daga ranar bayyana sakamako, kuma shari'ar kujerar majalisa a kotun ɗaukaka ƙara take ƙarewa. Hujjar da alƙali yake so ita ce takardar sakamakon kowace rumfa, EC8A, mai sa hannu da hatimi. Idan ba a biya ejan haƙƙinsa ba ya bar rumfa kafin ƙirga, babu lauyan da zai iya cike wannan gurbin.

Shugaba Buhari ya naɗa ta ministar harkokin mata a 2015. A 2017 ta fito fili ta ce Atiku Abubakar za ta mara wa baya, a 2018 kuma kwamitin tantancewa na APC ya hana ta shiga fidda gwanin gwamna. Ta ajiye minista, ta koma UDP, ta tsaya a 2019, ba ta kai labari ba. Farin jininta yana nan, amma ƙaramar jam'iyya ba ta da ejan a kowace rumfa, ba ta da shugabanni a kowace mazaɓa. Ta rasu a Alƙahira ranar 7 ga Mayu, 2021. Allah ya jiƙanta da rahama.