Godiya ga waɗanda suka tsaya mini daren da kare ya faɗa wa agwagina

Assalamu alaikum. Yau kwana 12 ke nan da kare ya fasa dangar bayan gidanmu ya faɗa wa agwagina, sai yanzu hankalina ya kwanta har na iya zama in yi godiya.

Mai kiwo ya san agwagwar gida ba ta da kwarmato, sai huci. Fafatar fukafukai ce ta tashe ni wajen ƙarfe ɗaya na dare. Kafin in fito, biyu cikin 14 sun mutu, biyar sun ji ciwo, babban toron kuwa jini na zuba daga cinyarsa. Da kuɗin agwagin nan nake biya wa yara makaranta, don haka duk na ruɗe.

Godiyata ta farko ga Inna, maƙwabciyata, wadda ta shigo da tocila ko takalmi babu a ƙafarta. Ta same ni na aiki yaro ya ɗebo baƙin mai, yadda na taso na ga ana shafa wa dabba. Ta ce, "Ke 'yar nan, ajiye wannan, ƙazanta za ki ƙara wa ciwon. Ɗora ruwa a wuta." Ta naɗe toron da tsohon zane, ta rufe fukafukai da faratan nan masu kaifi, ta danne ciwon da tsumma mai tsabta. Sau biyu ina kai hannu in ɗaga in duba, tana buge mini hannu, har jinin ya tsaya. Da ruwan ya tafasa ya huce, ta zuba ƙaramin cokali na gishiri a rabin lita, ta rage gashin gefen ciwon da almakashi, ta wanke har ƙasa ta daina fita. Haka muka bi su ɗaya bayan ɗaya har aka kira asuba. Inna, Allah Ya saka miki da gidan Aljanna.

Na gode wa mai kemis ɗin unguwarmu da ya buɗe shago cikin dare ya ba mu auduga da jibi, wato maganin nan mai launi da ake shafa wa ciwo, ya ce kuɗi sai gari ya waye.

Malamin dabbobi ya zo da safe a kan babur. Kafin ya taɓa agwagwa sai da ya tambaya ko karen ya ciji mutum, saboda ciwon haukan kare. Alhamdulillah, bai ciji kowa ba. Shi ya ɗaga fiffiken wata ya gano huda biyu da muka tsallake, ya ce cizon kare baki ƙarami ne, ciki zurfi. Ya ba da magani, ya ce in ware su kada sauran su tsattsage ciwon, in kare su daga ƙuda saboda tsutsa, kuma ba wanka, sai ruwan da za su tsoma kai kawai. Malam, Allah Ya ƙara ilimi.

Ƙanin maigida ma ya ɗaure dangar da waya, Allah Ya yi masa albarka.

Dukkan biyar ɗin sun rayu. Toron yana ɗan ɗingishi, amma jiya ya rigaye kowa zuwa kwanon dusa. Ɗaya kuma tana kan ƙwai, kwana 35 take yi. In Allah Ya kai mu ƙyanƙyasa, Inna, biyun farko naki ne, kuma ba zan karɓi a'a ba.