Tafiyata Linz da matar da ta mai da kanta Alexa

Jirgin ƙasan da na hau daga Biyana zuwa Linz a ƙasar Austriya awa ɗaya ne da 'yan mintuna, kuma da niyyar barci na shiga, amma wata yarinya 'yar jami'a da ta zauna kusa da ni ba ta bar ni ba, tana jin cewa bikin Ars Electronica zan je, wato bikin baje kolin ayyukan fasaha na na'urorin zamani, sai ta ciro waya ta ce na san Lauren Lee McCarthy? Na ce wace ce kuma.

Ashe ba'amurkiya ce, malama a jami'ar UCLA, ita ta ƙirƙiro manhajar p5.js ɗin nan da masu zane da kwamfuta ke amfani da shi. Abin da ya hana ni barci shi ne aikinta mai suna LAUREN. Wai sai ta je gidan mutum da yardarsa ta kafa kyamarori da makirfo da makunnan lantarki, sannan ta koma nesa tana kallo dare da rana, ita ce Alexa ɗin gidan, wato na'urar nan da ake ba umarni da baki ta aikata, ka ce a kashe fitila ta kashe, ka ce a sa waƙa ta sa, wani lokacin ma ba sai ka faɗa ba ita da kanta za ta hango abin da kake buƙata. Daga baya ta yi SOMEONE inda baƙin da suka shigo wurin baje koli ne ke zama gaban laftop suna amsa kiran mutanen wasu gidaje huɗu, shi ne ya ci mata kyautar Golden Nica ta wannan bikin a 2020.

Na ce wa yarinyar ni fa wallahi ba zan iya ba, mutum yana kallona ina sosa ciki ina hamma? Ta yi dariya ta ce to wayar da ke aljihunka fa? Na yi shiru. Gaskiya ne ban taɓa jin kunyar na'ura ba, alhali bayanta ma mutane ne da kamfanoni, fuskarsu ce dai ba na gani.

Mun rabu a tasha. Bikin tun 1979 ake yin sa, jama'a kamar me, na yini ina yawo har ƙafata ta fara ciwo, na ga mutum-mutumi iri-iri na sa tabaran nan da ke kai ka wata duniya har jiri ya ɗebe ni, amma duk hankalina yana kan matar nan. Yaya take ji in mai gidan ya yi kuka? Tana kau da kai ne ko tana ci gaba da kallo?

Da magariba na tsallaka gadar kogin Danub zuwa cibiyar Ars Electronica, ginin duk gilashi ne yana canza launi, shuɗi ja kore, hasken na rawa a kan ruwa. A nan cajina ya ƙare. Sunan otal ɗin ma a wayar yake, sai da na tsaida mutum uku ina kwatance da hannu kafin wani dattijo mai keke ya gane, ya sauko ya turo kekensa muka taka tare har bakin ƙofa, yana ta Jamusanci ina ta gyaɗa kai.