Kabarin Ɗan Garinmu a Edlington

Na sauka a Doncaster, a arewacin Ingila, cikin watan Nuwamba, lokacin da rana ke faɗuwa tun wajen ƙarfe huɗu na yamma, ta yadda mutum bai gama lazimin La'asar ba Magariba ta kawo jiki. Ni haifaffen Sabon Zango ne a Accra, wadda iyayenmu ke kira Ankara, kuma sanyin da na sani a da bai wuce na 'yan kwanakin hunturu ba. Aikin da na samu shi ne ɗaukar kaya a wani katafaren sito da ke bayan gari, daga goman dare zuwa shidan safe. A makonnin farko gaisuwa kawai ke haɗa ni da mutane, domin Turancin Yorkshire bai yi kama da wanda aka koya mana a makaranta ba.

Wani dattijon Bature mai gadin ƙofa ne ya fara zama da ni a lokacin shan shayi. Ya yi aiki a mahaƙar kwal ta Yorkshire Main har aka rufe ta a 1985, kuma da ya ji daga Ghana nake, sai ya ajiye kofinsa ya ce akwai ɗan garinmu kwance a maƙabartar Edlington, ƙauyen da ya girma. Sunansa Arthur Wharton. Na ji kunya da na ce ban taɓa jin sunan ba, alhali an haife shi ne a 1865 a Jamestown, unguwar da nake takawa da ƙafa daga gidanmu in sayo wa mahaifiyata kifi.

Mahaifinsa mai wa'azin cocin Methodist ne daga Grenada, mahaifiyarsa kuma 'yar ƙabilar Fante, kuma an turo shi Ingila yana matashi domin ya gaji aikin uban, amma wasanni suka ɗauke masa hankali. A 1886, a filin Stamford Bridge na Landan, ya yi gudun yadi 100 cikin daƙiƙa 10. A ƙwallon ƙafa kuma, ya tsare gida wa ƙungiyar Darlington, sannan Preston North End, wadda ya kai wasan kusa da na ƙarshe na kofin FA tare da ita a 1887. A 1885 ne aka halatta biyan 'yan ƙwallo albashi a Ingila, kuma da ya sa hannu wa Rotherham Town a 1889, sai ya zama wanda galibi ake ɗauka a matsayin baƙar fata na farko da ya mai da ƙwallon ƙafa sana'a. Dattijon ya tashi tsaye ya nuna mini yadda ake cewa Wharton kan tsuguna a gindin turken raga, sai ƙwallo ta taho ya yi tsalle ya naushe ta. A Sheffield United bai samu wuri sosai ba, domin ya tarar da William Foulke, ƙaton golan nan da ya cika raga da jikinsa, kuma a Stockport County ya rataye takalmi a 1902.

Abin da ya biyo baya shi ne ya hana ni barci da na koma ɗaki. Tafi ya ƙare, kuɗi suka ƙare, giya ta shige shi, kuma mutumin da jama'a ke biyan kuɗi su kalla ya ƙarasa rayuwarsa yana jan kekunan kwal a mahaƙar da abokina ya yi aiki daga baya. Ya rasu a 1930 yana da shekara 65, aka binne shi a kabarin da ko alama babu, kuma haka ya zauna shekara 67, sai a 1997 masu yaƙi da wariyar launin fata a ƙwallo suka tara kuɗi suka kafa masa dutse. Yanzu har mutum-mutuminsa akwai a St George's Park, inda tawagar Ingila ke atisaye, amma ni a ganina wannan karramawa ta fi amfanar masu rai.

Wata Lahadi na hau bas na je. Ana yayyafi, ciyawa ta jiƙe mini takalma, kuma na daɗe ina zagaye kafin in ga sunan. Ba addininmu ɗaya ba, saboda haka na share ganyayen da suka taru a gindin dutsen kawai, na tsaya ina tunanin cewa shi ma da ya iso bai yi zaton a nan za a rufe shi ba.

Tun zuwana wani Alhaji ɗan Kumasi yake bina a masallaci in shiga asusun jana'iza na 'yan Zango, ni kuwa ina zillewa, ina cewa shekara uku kawai zan yi in koma. A Juma'ar da ta biyo baya ni na neme shi.

"Baba Alhaji, a rubuta sunana," na ce.

Ya dube ni ta saman tabarau, ya buɗe littafin, ya ce, "To ɗana, lambar wa za mu kira a gida?"

Na ba shi ta yayana, domin Inna ba za ta iya ɗaukar irin wannan waya ba.