Adapalene da dilka ba sa zama ɗaki ɗaya

Tunda ƙurajen fuskata suka lafa tambaya ɗaya ce ke zuwa min daga ƙawaye da 'yan uwa, wai dan Allah me nake haɗawa, saboda mu dai an riga an saka mana a kai cewa mai guda ɗaya ba ya aiki sai an zuba masa abu biyar an juya da cokali an ajiye ya kwana. Toh ni ba abin da nake haɗawa. Adapalene ne likitar fata ta rubuta min, kuma in za a bi gaskiya abubuwan da ta sa na ajiye sun fi yawa a kan waɗanda ta ƙara min, kuma nan ne aikin yake.

Adapalene ɗin nan ɗan gidan retinoyid ne, wato dangin bitamin A da ake shafawa a fata. Babban yayansu shi ne tretinoin, wanda aka fi sani da Retin-A, tun 1971 aka amince da shi a Amurka a matsayin maganin ƙuraje, Albert Kligman na cikin likitocin da suka fito da shi. Adapalene ya zo daga baya a 1996 da sunan Differin, kuma a 2016 Amurka ta yarda a riƙa sayar da mai ƙarfin 0.1% ba tare da takardar likita ba. Mu a nan kam kin san yadda kemis yake, in kika faɗi suna za a miƙo miki, wannan sauƙin kuma shi ne rabin matsalarmu don ba wanda zai tsaya ya ce miki ga yadda ake yi.

Abin da ya kamata ki fara sani shi ne ba ƙurjin da kike gani yau yake bi ba. Ƙurji yana farawa ne can ciki, ƙofar gashi ta toshe da matacciyar fata da maiƙo, ya yi makonni yana nan kafin ya leƙo waje. Retinoyid yana sa fatar ta riƙa zubar da matattun ƙwayoyinta da wuri kafin su taru su toshe. Shi ya sa ba a ɗiga shi a kan ƙurji ɗaya ɗaya, duk fuskar ake shafawa, kwatankwacin ƙwayar wake guda ɗaya tak, ki ɗan ɗiga a goshi da kumatu biyu da haɓa ki baza sirara, ki kauce wa gefen ido da lungun hanci da gefen baki. Da daddare kawai, kuma sai fuska ta bushe sarai bayan wanki don jiƙaƙƙiyar fata ta fi jan magani ta fi yin raɗaɗi. Sannan haƙuri, sati 8 zuwa 12 kafin ki ga abin kirki, a makonnin farko ma wata sai ƙurajen su ƙara fitowa kamar an yi musu gayya, a nan mafi yawa suke jefar da shi su ce bai karɓe su ba.

A waɗannan makonnin farkon ne fata take bushewa tana saɓa. Ni a lungun hanci da ƙasan leɓe ya fi yi min, in na shafa hoda sai ki ga ta tattaru ta yi gari gari a wajen, in na yi dariya sosai sai na ji gefen bakina yana ja kamar zai tsage. Yanzu ki ɗora wannan a kan hunturun Kano, iskar Disamba da Janairu da ko ba ki shafa komai ba leɓe na fashewa ƙafa na kaushi. In da hali kar ki fara a tsakiyar sanyi, in kuma ya zama dole toh ki fara da dare biyu ko uku a sati, ki shafa man laushi a ƙasa, ki sa maganin, ki sake ɗora man laushi a sama. Man laushin ba sai mai tsada ba, ki duba bayan roba ki ga glycerin ko ceramide, mara turare, shi kenan. Niacinamide, wani nau'in bitamin B da ake sawa a mayukan fuska, shi ma yana zama lafiya da shi, yana rage ja da raɗaɗi, amma na 4 ko 5% ya isa, ba sai kin nemo na 10% ba.

Man kaɗanya wasu yana karɓarsu a fuska wasu a'a, man kwakwa kuwa ni ban ba mai ƙuraje shawara ba don yana toshe ƙofofin. Vaseline ki sa shi a leɓe da gefen ido da lungun hanci KAFIN maganin ya zama katanga, amma kar ki lafta shi a kan duk fuska bayan kin shafa adapalene, yana rufe maganin ya shige da ƙarfi ki tashi da fuska tana zafi.

Yanzu ga inda za mu ɓata da wasu. Sabulun salo. Na san tare muka taso da shi, na san kakanninmu sun yi amfani da shi sun yi kyau, amma da toka ake yin sa kuma kaifinsa ya fi abin da fata mai shan retinoyid za ta ɗauka, ita fata ɗan tsami tsami take so shi kuma yana can ɗaya ɓangaren, yana kwashe ɗan maiƙon da ya rage yana kare ta. Balle wanda aka haɗa da lemon tsami da kurkum da zuma da garin ɓawon lemo da su alif. Ki bar shi a jiki in kina so, fuska a nema mata sabulun ruwa mai sanyi wanda ba ya barin ta tana ƙara in kin taɓa. Wannan ƙarar da muke jin daɗi muna cewa fuska ta fita, ba fita ba ce, kwashe ta aka yi.

Sai gyaran jiki, wanda shi ne ma ya sa na zauna rubuta wannan. Wata ƙanwata 'yar gidan kawu tana shafa tretinoin ba ta faɗa wa mai gyaran ba, ita ma mai gyaran ba ta tambaya ba, aka ɗora mata halawa a saman leɓe da gefen kumatu aka fizge, wallahi ba gashi kaɗai ya fito ba har da saman fatar, wajen ya yi jajir yana sheƙi yana tsattsafo da ruwa, da ya warke kuma ya bar baƙin tabo mai siffar inda aka manna halawar daidai, kamar an zana. Ba laifin halawa ba ne, retinoyid yana sa saman fata ya yi sako sako, duk abin da zai manne ya fizga zai tafi da shi. Dilka ma haka, dirza ce, fata kuma tana riga tana zubarwa da kanta, ki ƙara mata dirza ai kin haɗa mata aiki biyu. In dole sai an yi toh a dakatar da maganin kamar sati guda kafin nan, a faɗa wa mai gyaran, kuma kar a koma shafawa sai wajen ya huce. In gashin fuska ne ya dame ki a cire da zare ko a aske, ya fi sauƙi.

Kuma mu masu duhun fata wannan maganar ta fi shafa. Baturiya in fatarta ta ƙone ja za ta yi ya wuce, mu kuwa duk inda fata ta ji ciwo ko ta kumbura sai ta zuba baƙi a wajen, tabon ya yi watanni wani har shekara. Yawancinmu ma ba ƙurjin ne ya fi damunmu ba tabon ne, toh kin ga in garin sauri kika ƙona fuskar da haɗe haɗe kin ƙara wa kanki abin da kike gudu. Shi retinoyid ɗin da kansa yana rage tabo a hankali in an bar shi ya yi aikinsa.

Benzoyl peroxide shi ne abokin tafiya na gaske in ƙurajen masu ja ne masu ruwa, don shi ƙwayoyin cutar yake kashewa, abin da retinoyid ba ya yi. Amma akwai bambanci a nan da mutane ba sa lura. Tretinoin na gargajiya benzoyl peroxide yana lalata shi in sun haɗu lokaci guda, hasken rana ma haka, don haka benzoyl peroxide da safe tretinoin da dare. Adapalene kuwa ba ruwansa, har akwai wanda aka haɗa su a kwali ɗaya, Epiduo, adapalene 0.1% da benzoyl peroxide 2.5%. Kuma 2.5% ɗin ya wadatar, na 10% bushewa kawai zai ƙara miki. Abu ɗaya dai, yana cin launin kaya. Bakin hijabina ruwan toka inda yake zagaye haɓa sai da ya koma ruwan lemo, rigar filo da tawul ma duk sun sha, ki ware farare kawai ki huta. In likita ya ba ki clindamycin na shafawa, wato maganin kashe ƙwayoyin cuta, kar ki yi ta amfani da shi shi kaɗai wata da watanni, ƙwayoyin suna sabawa, shi ya sa ake haɗa shi da benzoyl peroxide.

Su salicylic acid da glycolic acid da duk wani ruwan goge fuska (tona) mai asid da ake tallatawa a TikTok, ki ajiye su tukuna sai fatar ta saba, in kin dawo da su ma ba a daren da kika shafa retinoyid ba. Bitamin C da safe in kina so, ni dai ban ga dole ba. Retinol na kanti kuma kar ki ɗora shi a kan adapalene, gida ɗaya suka fito.

Abin da ya fi ba ni tsoro shi ne mayukan nan da ake kira mai aiki uku, da haɗin 'yan oganik da ke zuwa a roba ba rubutu ba lambar NAFDAC. Da yawansu akwai sitiroyid a ciki irin su clobetasol da betamethasone, kuma ga yaudarar, in fuska ta fara saɓa tana ja saboda retinoyid sai wata ta ce shafa wannan, ki shafa, washegari lafiya lau ta kwanta har ta yi haske, sai ki ce kin samu magani. Sitiroyid yana kwantar da kumburi ne kawai, a hankali yana sirantar da fata, jijiyoyi su fito, gashi ya ƙaru, sannan ya kawo nasa ƙurajen ƙanana ƙanana masu kama ɗaya a goshi da kumatu, ranar da kika daina kuma fuskar ta yi bore. Ki karanta bayan kwali ko da mai kemis yana hararar ki, in kin ga waɗannan sunayen ki mayar. In kuma kin daɗe kina shafa su kar ki ɗora adapalene a kai kai tsaye, ki je wajen likitan fata a fara raba ki da wancan tukuna, a Kano akwai su a asibitin Malam Aminu Kano, a Zariya akwai a Shika.

Man kariyar rana kuma ba gayu ba ne, SPF 30 zuwa sama kullum da safe, don rana ce ke ƙara dafa tabo. Na san matsalar, wasu suna barin fuska fari fat kamar an shafa alli, waɗannan masu zinc oxide ne ko titanium dioxide, ki nemi wanda ba ya bari ko mai ɗan launi. Sai kuma alwala, wadda masu bidiyon Turai ba za su taɓa faɗa miki ba. Kin shafa da safe, azahar ta yi kin wanke fuska, la'asar kin sake, toh abin da kika shafa ƙarfe takwas ya tafi, in za ki koma rana sai kin sake shafawa, kuma a lokacin sanyi ɗan ƙaramin man laushi a jaka bayan kowace alwala yana hana fuskar ja. Shi maganin kuwa bayan isha ya fi, in kin gama duk wata alwala ta ranar. A ajiye shi a inuwa cikin durowa, ba bakin taga ba ba cikin mota ba, zafin Afrilu ba ya barin magani da lafiya.

Amare, ku ne kuka fi turo tambaya kuma ku ne ya fi kamata ku yi hankali. In bikinki saura wata ɗaya ko biyu kar ki fara yanzu, ranar kamu za ta same ki a tsakiyar saɓa da ƙarin ƙuraje, ga mai dilka na jira. Sannan retinoyid ba a shafa shi da ciki ko in ana neman ciki, adapalene ne ko tretinoin ko tazarotene, na sha kuwa wato isotretinoin yana nakasa jariri kuma ba a taɓa shi sai a hannun likita. Mu kuma kin sani wata tana tarewa wata biyu an fara laulayi kafin ma ta gane. Don haka in aure ya matso ki faɗa wa likita ranar da aka saka, akwai azelaic acid da ake ba masu ciki, yana taɓa ƙuraje yana taɓa tabo, kuma shi ma in kina shafa shi a ɗaga wa halawa a fuska ƙafa a satin da yake miki ƙaiƙayi.